Yaron da Ba Ya Waiwayowa In An Kira Shi

Ranar sunan wata jaririya a gidanmu na gado na fara lura da shi sosai. Tsakar gida ta cika maƙil, mata na ta rabon waina da funkaso, yara sa'anninsa sun yi dandazo wajen mai kalangu, shi kuwa ɗan ƙanwata yana can gindin randa ya juya wa kowa baya. Murafan kwalbar lemo ya tsinto yana jerawa, ja kusa da ja, kore kusa da kore, layi ɗaya miƙaƙƙe kamar an ja zare. Na tsuguna a bayansa na kira sunansa sau uku, ko gezau. Na ce a raina ko dai kunne ne. Ban gama wannan tunani ba aka tayar da injin markaɗe a maƙwabta, can bayan katanga, sai yaron ya toshe kunnuwa da tafukansa ya ƙwalla ƙara kamar an zuba masa garwashi. Wanda ya ji inji ta bayan katanga ai ba kurma ba ne.

Shekararsa uku da 'yan watanni a lokacin. Uwarsa ta ja ni zaure ta ce, "Yaya, wallahi tun yana shekara ɗaya da rabi nake faɗa. Da yana cewa Mama, yana cewa ruwa. Yanzu sai dai ya kama hannuna ya kai bakin randa ya ɗora, kamar hannun nawa moɗa ce." Surukarta kuwa ta riga ta yanke hukunci. Ɗa namiji nauyin baki gare shi, babansa ma sai da ya shekara huɗu. In kuma ba haka ba ne, to ciki ya sha, tunda an samu cikin ƙanensa kafin a yaye shi. An kai shi wurin wanzami an yanke linzami. An yi rubutu, an yi hayaƙi, an yi ruƙiyya. Sai da ya kusa shekara biyar wata likitar yara a asibitin koyarwa ta zauna da shi fiye da awa guda, ta kalli yadda yake wasa, ta yi wa uwar tambayoyi har ta gaji, sannan ta faɗi sunan abin: otizim.

A rediyo da jaridunmu an fi cewa galahanga, amma wannan kalma buhu ce da ake zuba komai a ciki. Yaron da gaɓoɓinsa suka sandare saboda ƙwaƙwalwa ta ji rauni wajen haihuwa galahanga ne, mai lalurar Dawun, wadda ake haihuwar yaro da ita, galahanga ne, wanda sanƙarau ya bar wa tabo shi ma haka. Alhali ba abu ɗaya ba ne, kulawarsu ma ba ɗaya ba ce. Mai otizim sau da yawa jikinsa garau, yana gudu, yana hawa katanga, fuskarsa ba ta nuna komai. Bambancin yana cikin yadda ƙwaƙwalwarsa ta ginu, kuma ta wuri biyu yake fitowa. Na farko mu'amala: ba ya nuna maka abu da yatsa don ku kalla tare, ba ya karanta fuska, wasan ɓuya da langa ba sa gabansa. Na biyu naci da maimaici: hanya ɗaya, kofi ɗaya, abinci ɗaya, kaɗa hannu ko juyi, da jin ƙara ko ƙaiƙayin tufa fiye da kima. Wani zai haddace surori daga jin rediyo, harafi bai ɓace ba, amma ba zai iya cewa cikina na ciwo ba. Wani ba zai taɓa magana ba har abada. Wani kuma zai gama jami'a, a riƙa cewa miskili ne kawai. Babu gwajin jini ko hoton kai da ke tabbatar da shi; kallo ne da tambaya, daga wanda ya san abin da yake nema.

Sunan ba na jiya ba ne. A 1943 wani likitan ƙwaƙwalwar yara a asibitin Johns Hopkins da ke Amurka, Leo Kanner, ya wallafa bayanin yara 11 da ya ce halinsu bai yi kama da wani ciwo da aka sani ba. Shekara guda bayan nan Hans Asperger a Ostiriya ya bayyana wasu yara maza masu magana tsaf, masu kaifin kai, waɗanda zama da mutane ya gagara. Kafin su duka, tun 1925, wata likita a Mosko, Grunya Sukhareva, ta rubuta irin wannan bayani aka yi shekaru ba a kula ta ba. Yaran Kanner da na Asperger sun yi wa juna nisa, kuma duk rigimar alƙaluman da ake yi yau a kan filin da ke tsakaninsu ne.

Ga alƙaluman da ke tayar da hankali. A 1966 Victor Lotter ya ƙirga yara a wani yanki na Ingila, ya samu kusan huɗu da rabi cikin kowane 10,000. A shekarar 2000 hukumar hana yaɗuwar cututtuka ta Amurka, CDC, ta fara ƙirga yara 'yan shekara takwas, ta samu ɗaya cikin 150. A 2008 ya zama ɗaya cikin 88, a 2014 ɗaya cikin 59, a 2020 ɗaya cikin 36, ƙidayar 2022 kuma, wadda aka fitar a Afrilun 2025, ta ce ɗaya cikin 31. Maza sun ninka mata fiye da sau uku. Hukumar Lafiya ta Duniya ta daɗe tana aiki da ɗaya cikin 100 a matsayin tsaka-tsaki na duniya, wani babban ƙiyasi na 2021 kuma ya ce mutum kusan miliyan 62 ne, wato ɗaya cikin 127. Wanda ya jera waɗannan lambobi a takarda, dole ya ce annoba ce ta shigo.

To amma mudun da ake awo da shi ya canza sau da yawa, kuma kullum ƙara girma yake. Lotter irin yaran Kanner kawai yake nema, mafiya tsanani. A 1979 Lorna Wing da Judith Gould suka nuna a Landan cewa abin hawa-hawa ne, daga mai tsanani zuwa mai sauƙi. Kundin da likitocin ƙwaƙwalwa na Amurka ke aiki da shi bai ware wa otizim gurbinsa ba sai 1980, a 1994 aka shigo da irin na Asperger, a 2013 aka haɗe su duka ƙarƙashin suna ɗaya. A 1990 dokar ilimin masu buƙata ta musamman a can ta sa otizim cikin jerin lalurorin da makaranta za ta ba yaro taimako a kansu, sai sunan ya zama mabuɗi. Daga nan adadin masu otizim a rajistar makarantu ya riƙa hawa, na waɗanda ake rubuta wa raunin fahimta yana sauka. Yaran ba su canza ba, takardar ce ta canza. A 2007 kuma ƙungiyar likitocin yara ta ƙasar ta ce a riƙa duba kowane yaro a wata 18 da wata 24. Mai nema yana tare da samu.

Hujjar da ta fi gamsar da ni tana cikin rahoton CDC ɗin kansa. A shekara ɗaya, ƙasa ɗaya, an samu ɗaya cikin 19 a yankin da aka ƙirga a Kalifoniya, aka samu ɗaya cikin 103 a Laredo ta jihar Tekzas. Ba ruwan shansu ne ya bambanta har ninki biyar ba. Wuri ɗaya yana da masu dubawa birjik, ɗayan ba shi da su. A Koriya ta Kudu masu bincike ba su jira a asibiti ba, sun bi makarantu a wata unguwa ta birnin Goyang mai yara kusan 55,000, suka fitar da sakamako a 2011: ɗaya cikin 38, kuma biyu cikin uku na waɗannan yara suna ajin kowa da kowa, ba wanda ya taɓa duba su. A Denmak, inda ake rubuta komai tun daga haihuwa, an lissafa cewa kashi 60 cikin 100 na ƙaruwar da aka gani canjin ma'auni da canjin rajista ne suka kawo shi. Ban ce babu ƙaruwa ta gaske ko kaɗan ba. Mutane na jinkirta haihuwa a waɗancan ƙasashe, bakwainin da a da ba ya rayuwa yanzu yana rayuwa, kuma duka biyun suna ƙara haɗari. Amma wannan ɗan ƙari ne a kan babban sauyin awo.

Mu fa? Najeriya ba ta taɓa yin ƙidayar ƙasa a kan otizim ba, kuma wannan shirun ne ya sa wasu ke cewa ciwon Turawa ne ko na 'ya'yan masu kuɗi. Lotter ɗin nan da kansa ya zaga wasu ƙasashen Afirka, har da Najeriya da Ghana, ya wallafa a 1978 cewa ya ga yaran. A asibitin koyarwa na Ibadan an duba yara 2,320 da aka kawo sashen jijiya da ƙwaƙwalwa, aka samu 54 masu otizim. Iyayensu sun fara ganin alamu kafin shekara biyu, sunan kuwa bai samu ba sai wajen shekara huɗu. Waɗannan ma su ne suka iso asibiti. A Amurka kanta, tun ƙidayar 2020, adadin da ake samu a 'ya'yan baƙar fata ya zarce na farare, da zarar dubawar ta fara isa unguwanninsu. In muka ɗauki ɗaya cikin 100 muka ɗora a kan yaran Najeriya da suka haura miliyan 100, maganar yara miliyan guda ake yi. Lissafina ne, ba ƙidaya ba. Amma a ƙasar da kusan yaro ɗaya cikin goma ba ya kai shekara biyar, ma'aikaciyar asibitin sha-ka-tafi da ke fama da zazzaɓin cizon sauro da tamowa ba ta da sukunin tambayar ko yaro yana nuni da yatsa.

Akwai kuma abin da al'adarmu take rufewa ba da gangan ba. Takardun gwajin da aka tsara a Turai suna tambaya ko yaro yana kallon mutum ido cikin ido. Mu kuwa yaron da ya sunkuyar da kai gaban babba shi ne mai tarbiyya, wanda ya ƙura ido shi ne mara kunya. Yarinyar da ba ta hayaniya, ba ta shiga cikin ƙawaye, kullum tana ɗaki, sai a ce ta yi hankali, Allah ya ba ta miji nagari. Shi ya sa mata suka fi ɓacewa a ƙidaya, a nan da can. Uwa ma, in ɗan fari ne, kunya ba ta barin ta ambaci sunansa, balle ta tsaya gaban surukai tana cewa ɗana ba ya kula ni.

Da ta faɗa kuma, kanta abin zai dawo. Wannan ba halinmu ba ne mu kaɗai. Shekaru kusan ashirin likitocin Amurka suna gaya wa iyaye mata cewa sanyin zuciyarsu ne ya sa yaro ya janye, har ana kiransu uwa firji. Wani mai nazarin halayyar yara, Bruno Bettelheim, shi ya fi yaɗa wannan magana, aka raba yara da iyayensu a kanta. Tagwaye ne suka rusa ta. A 1977 Susan Folstein da Michael Rutter suka nemo tagwaye 21 a Birtaniya waɗanda aƙalla ɗaya ke da otizim. Cikin 11 na ƙwai ɗaya, masu kama sak, an samu huɗu da duka biyun ke da shi. Cikin 10 na ƙwai biyu ba a samu ko ɗaya ba. Uwa ɗaya, nono ɗaya, ɗaki ɗaya, sakamako daban. A 2019 wani bincike da ya haɗa yara miliyan biyu daga Denmak, Finlan, Suwidin, Isra'ila da Yammacin Ostireliya ya ƙiyasta cewa kusan kashi 80 cikin 100 na bambancin haɗari tsakanin mutane daga ƙwayoyin gado yake.

Kalmar gado tana buƙatar hattara, don kada a tashi daga zargin uwa a koma zargin danginta. Ba ƙwayar halitta ɗaya ba ce. An gano fiye da 100 da ke da hannu sosai, ga kuma dubban ƙananan bambance-bambance da kowa ke ɗauke da wasu, sai sun taru da yawa a jikin yaro ɗaya. Wani lokaci ma sauyin sabo ne fil, ya faru a ƙwan uwa ko maniyyin uba, ba a dangin kowa. Irin wannan sabon sauyi yana ƙaruwa da shekarun uba, kusan biyu a kowace shekara kamar yadda aka auna a Aislan a 2012. Abin da tsoho mai amarya ba zai so ji ba, ko da yake haɗarin ga mutum ɗaya ƙarami ne. Auren zumunci yana ƙara yiwuwar wasu cututtukan gado da kan zo tare da otizim, amma ba shi ne tushen yawancinsa ba. In gida ya samu ɗaya, yiwuwar ƙane ya zo da shi kusan ɗaya cikin biyar ne. Sauran abubuwan da ke ƙara haɗari kusan duk na lokacin ciki da haihuwa ne: bakwaini, doguwar naƙudar da ta hana jariri iska, ciwon suga na mai ciki, ƙyandar Jamus, da maganin farfaɗiya mai suna balfurowet in mai ciki ta sha. Mai shan wannan magani kada ta yanke da kanta, likita za ta gani tun kafin ta ɗauki ciki.

Abin da ke rikita mutane lokaci ne. Ginin ƙwaƙwalwar da ya bambanta tun a ciki yake farawa, amma ba ya bayyana sai an zo shekarun da ake jiran magana da wasa da yara. Wajen ɗaya cikin huɗu ma sukan fara 'yan kalmomi, sai su ɓace tsakanin wata 15 da wata 24, kamar ɗan ƙanwata. Duk abin da ya faru a waɗannan watanni shi zai ɗauki laifi. A wurinmu lokacin yaye ne, lokacin da ake kai yaro gidan kaka, lokacin da sabon ciki kan shiga. Shi ya sa muke cewa ya sha ciki, ko an yaye shi da wuri, ko ya gamu a hanyar gidan kaka. A Ingila kuwa lokacin allurar rigakafi ne. An bar jaki ana dukan taiki, kowa da irin taikinsa.

Nasu taikin ya fi namu ɓarna. A 1998 wani likita mai suna Andrew Wakefield ya wallafa bayanin yara 12 kacal a mujallar Lancet, ya jefa zargi a kan allurar da ta haɗa rigakafin ƙyanda da hangum da ƙyandar Jamus. Daga baya wani ɗan jarida, Brian Deer, ya tono cewa lauyan da ke shirin ƙarar kamfanonin allura yana biyan Wakefield, kuma bayanan yaran ba su dace da abin da ke cikin fayil ɗinsu ba. A 2010 mujallar ta janye rubutun, hukumar likitocin Birtaniya ta ƙwace lasisinsa. An sake gwada zargin sau da yawa. A Denmak an bi yara 657,461, ba a ga bambanci tsakanin waɗanda aka yi wa allurar da waɗanda ba a yi wa ba. Japan ta daina wannan allura a 1993, adadin masu otizim a Yokohama ya ci gaba da hawa abinsa. Mu ma nan shaida ne: allurar nan mai haɗa uku ba ta cikin jerin rigakafin da gwamnati ke yi wa yara kyauta, yaran kuma ga su.

Labarin da ya fi taɓa ni na Somaliyawan jihar Minesota ne, Musulmi 'yan'uwanmu da ba su da kalmar otizim a harshensu, har suka riƙa ɗaukarsa ciwon da ƙasar baƙunta ta sa wa 'ya'yansu. Wakefield ya je ya gana da iyaye a can. Yawan yaransu da ake yi wa allurar ya faɗo daga kashi 92 zuwa kashi 42 cikin shekara goma. A 2017 ƙyanda ta ɓarke, ta kama fiye da mutum 70, yawancinsu ƙananan yaran Somaliyawa ne da ba a yi wa rigakafi ba. Ba na raina tsoron iyaye. Wanda ya san gwajin maganin sanƙarau da wani kamfanin Amurka ya yi a kan yara 200 a Kano a 1996 ya san daga inda rashin yarda ya samo asali. Wanda maciji ya sara, in ya ga baƙin tsumma sai ya gudu. Amma mun ga abin da dakatar da rigakafin shan inna a 2003 ya jawo, cutar ta tsallaka ƙasashe kusan 20. Saƙon murya da ke yawo a WhatsApp yana cewa allura ce ke kashe bakin yara tsohuwar ƙaryar 1998 ce aka sa wa hula.

Sabon taiki shi ne farasitamol. A ranar 22 ga Satumba 2025 Shugaba Trump ya tsaya a fadarsa ya ce mata masu ciki su guji shansa, wai yana jawo otizim. Gaskiya ne wasu bincike sun ga alaƙa, amma mai shan magani tana da dalilin sha, kuma dalilin kansa, zazzaɓi ko wani ciwo, yana iya zama shi ne matsalar. A Suwidin an duba yara kusan miliyan biyu da rabi, aka kwatanta wa da ƙane 'yan ciki ɗaya, wanda uwa ta sha maganin a cikinsa da wanda ba ta sha ba. Alaƙar ta ɓace. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce babu hujja tabbatacciya. A ƙasar sauro, barin mai ciki tana ƙuna da zazzaɓi saboda wani jawabi a Washinton ganganci ne.

Duk wannan farautar mai laifi tana cin shekarun da suka fi tsada, kuma a gida ɗaya ake biyan kuɗin. Ƙanwata ɗinki take yi, ta rufe keke shekara uku. A Amurka an auna cewa iyaye matan masu otizim suna samun kuɗin da ya gaza na sauran mata da fiye da rabi. A nan ba mai aunawa, amma hanyar ɗaya ce. Ta daina zuwa biki da suna saboda kallo da "ki riƙa kwaɓarsa mana". Makarantu biyu masu zaman kansu sun karɓi kuɗin zango suka dawo da shi bayan mako biyu. A Islamiyya bulala ce amsar duk abin da malam bai gane ba. Barci ba ya samuwa, don yawancin waɗannan yara ba sa barcin kirki. Yayarsa 'yar shekara tara ta zama mai raino, ana kuma fara raɗe-raɗin da zai iya biyo ta har lokacin aurenta. Mijin ƙanwata dai ya tsaya, Allah ya saka masa. Na san gidajen da aka ce matar ce mai baƙin jini, aka yi mata kishiya ko aka ba ta takarda. Akwai kuma mafi muni, inda ake cewa yaro ɗan ruwa ne, ko a sa masa mari a ƙuryar ɗaki.

Sannan ga haɗarin rai. Wani bincike a Amurka a 2012 ya nuna kusan rabin yaran kan sulale su bar gida, kuma ruwa yana jan su ba tare da sun san tsoronsa ba. Mu da ke da rijiya a tsakar gida, kududdufi a bayan gari, babura a ƙofar gida, sai mu auna. Farfaɗiya ta fi yawa a cikinsu nesa ba kusa ba. Yarinyar da ba ta iya faɗin abin da aka yi mata ita mugu yake nema. Yaran kuma girma suke yi, abin da ake yawan mantawa. A Birtaniya, da duk tsarinta, kusan uku cikin goma na manya masu otizim ne ke da aikin yi. A Suwidin an samu matsakaicin shekarun mutuwarsu 54, na sauran jama'a 70.

Maganin warkewa babu, duk wanda ya ce yana da shi a kwalba ko a ƙullin leda aljihunka yake so. Magungunan da likita kan rubuta na lafar da tsananin fushi ne, ko farfaɗiya, ko rashin barci. Addu'a ba ta hana zuwa asibiti, kuma malamin kirki shi zai fara cewa a je. Wanda ke dukan yaro da sunan fitar da aljani, yaron kawai yake duka. Abin da ke aiki koyarwa ce, da wuri, kullum. Abin daɗin shi ne ba sai ƙwararre yana zaune a gidan ba. A Ingila an ɗauki yara 152 'yan shekara biyu zuwa huɗu, aka riƙa ɗaukar hoton bidiyon wasu suna wasa da iyayensu, ana nuna wa iyayen inda yaro ya yi yunƙurin sadarwa ba su lura ba. Bayan shekara shida, a 2016, aka tarar alamun sun fi sauƙi a waɗannan yara. Hukumar Lafiya ta Duniya ta tsara horon iyaye irin wannan wanda ba sai likita ne zai bayar ba, an gwada shi a Habasha da Kenya. Wannan ya fi dacewa da mu, inda masu koyar da magana 'yan ƙalilan ne, yawancinsu kuma suna manyan birane. Gidan yawa ma, in ya fahimta, jari ne: kaka, goggo, 'yan'uwa, hannu goma maimakon biyu.

Doka dai akwai. A Janairun 2019 Shugaba Buhari ya sa hannu a dokar hana nuna wa masu nakasa bambanci, wadda ta ba su haƙƙin ilimi kyauta har sakandare, a 2020 aka kafa mata hukuma. Duk ranar 2 ga Afrilu, wadda Majalisar Ɗinkin Duniya ta ware tun 2007 bisa shawarar ƙasar Katar, ana taro a yi jawabi. A ta 2025 an baje zanen Kanyeyachukwu Tagbo-Okeke, ɗan shekara 15 mai otizim, a dandalin Eagle da ke Abuja, zane mai faɗin fiye da murabba'in mita 12,000 da ya shiga kundin Guinness. Na yi murna da shi. Amma ina tsoron darasin da ake ɗauka daga irin wannan, cewa kowane mai otizim yana da wata baiwa a ɓoye, saura a tono. Yawancinsu ba su da ita, kamar yadda yawancinmu ba mu da ita. Uwar da ɗanta bai zana komai ba, burinta kawai ya iya kama ruwa da kansa, ita ba a gayyatarta dandali.

Ɗan ƙanwata yanzu shekararsa takwas. Likitar ta koya wa uwar ta yanko hotuna daga kwalaye da tsofaffin kalanda, kofi, kwano, buta, takalmi, ta liƙa a jikin ƙofar ɗaki daidai tsayinsa. Wata huɗu ana ɗora yatsansa a kan hoton kofi kafin a ba shi ruwa, ran nan ya je ya taɓa da kansa. Kalmominsa sun kai ashirin da wani abu. Mai injin markaɗe yakan aiko yaro ya sanar kafin ya tayar, a shigar da shi ɗaki a kunna masa karatun da yake so. An yi wa rijiya murfin ƙarfe da kwaɗo, makullin yana ɗaure a bakin zanin Hajiya, surukar nan da ta ce ciki ya sha. Ita ce yanzu ba ta yarda kowa ya taɓa masa murafansa. Makaranta har yau ba a samu ba. Da na je sallar bana, uwar ta rako ni zaure ta ce, "Yaya, an ce akwai wata malama a bayan tasha da ke karɓar irinsu su biyar a gidanta. In ka samu sarari ranar Asabar, ka zo mu je mu gani."